Yadda ake haɗa ƙaramar mota mai kauce wa bango da kanta da Arduino

Yawancin ɗaliban da suka sayi kayan haɗa mutum-mutuminsu na farko wuri ɗaya suke cijewa. Sun jona duk wayoyin a dare ɗaya, sun kwafo kod daga intanet sun loda, sun kunna, abin ya yi ɗan ƙugi ya yi shiru. Daga nan sai a kama zargin kod, ko a ce ɗan kasuwa ya sayar da jabun kaya. Sau da yawa kuwa kod lafiyarsa ƙalau, kayan ma haka. Wuta ce ba ta isa ba, ko kuma akwai baƙar waya guda da aka manta ba a haɗa ba. Saboda haka a nan za mu gwada kowane ɓangare shi kaɗai, sai ya nuna yana aiki sannan a ƙara masa na gaba. Ranar da abu ya ƙi, ka san na ƙarshen da ka taɓa shi ne mai laifi.

Abin da za mu haɗa ƙaramar mota ce mai taya uku. Tana tafiya gaba, in ta zo kusa da bango ta tsaya, ta ja baya, ta leƙa hagu da dama, ta bi inda ya fi sarari.

Kayan da za ka nema

Ƙwaƙwalwar motar ita ce Arduino Uno, ƙaramin allon lantarki da ake loda wa kod ya riƙa ba sauran kayan umarni. An fara Arduino ne a 2005 a garin Ivrea na ƙasar Italiya, domin ɗaliban koyon zane waɗanda ba injiniyoyi ba, kuma Massimo Banzi na cikin waɗanda suka kafa shi. Sun bar zanen allon a buɗe, kowa na iya ƙera irinsa, shi ya sa kasuwa ta cika da na China masu araha. Kada ka ji kunyar sayen su. Guntun ATmega328P ɗin da ke kan na asali shi ne a kansu, aikin ɗaya ne.

Sai allon L298N mai tuƙa moto, ja ne galibi, da baƙin ƙarfen sanyaya a tsakiyarsa. Sai sensar auna nisa HC-SR04 mai kama da idanu biyu, da ƙaramin servo SG90, wato moto mai juyawa ya tsaya a kusurwar da aka umarce shi, da zai riƙa juya ta, da moto biyu masu ruwan ɗorawa tare da tayoyinsu, da 'yar taya mai juyawa ta uku, da batir 18650 guda biyu da gidansu, da makunni, da wayoyin jonawa masu kan allura. Ana sayar da jikin motar da moto da tayoyi a haɗe cikin leda ɗaya, amma falanki siriri ko murfin tsohon bokitin fenti ma ya wadatar. Waya, dalma, makunni da kafasita kuwa duk mai gyaran rediyo ko talabijin na unguwa yana da su.

Abu ɗaya da ba na yarda a tsallake shi ne mita, wato na'urar hannu ta auna bolt (multimeter). Ko mafi arahar da ke kasuwa ce, saye ta. Wuta ba a ganin ta da ido, wanda ba shi da mita kuma canke kawai yake yi.

Batir: nan ne aikin yake

Kada ka yi amfani da ɗan batirin nan mai kusurwa huɗu na bolt 9, duk da cewa a hotuna da yawa shi ake nunawa. An yi shi ne don abubuwan da ke shan wuta kaɗan, irin su mita. Moto na fara juyawa ƙarfinsa zai faɗi, Arduino ta mutu ta sake tashi, moto ya sake ja, ta sake mutuwa. Abin da za ka gani shi ne motar tana zabura tana tsayawa.

Batir 18650 shi ne daidai. Sunansa girmansa ne: faɗi milimita 18, tsawo milimita 65. Idan ya cika yana ba da bolt 4.2, yawancin lokacin aikinsa yana wajen 3.7, idan ya sauka zuwa 3 ka tsaya ka yi caji. Biyu a jere, kan ɗaya a gindin ɗaya, sun ba ka 7.4, ko 8.4 in sun cika. Wannan adadi ya dace da mu ƙwarai. Moton nan masu ruwan ɗorawa bolt 3 zuwa 6 suke so, shi kuma L298N tsohon yayi ne, yana cinye wajen bolt 2 a cikinsa ya mai da shi zafi. Cire biyu daga 7.4, abin da ya isa moto bai wuce biyar da 'yan kai ba.

A wajen saye a yi hattara. Na gaskiya daga manyan kamfanoni ba ya wuce mAh 3500 ko kusa da haka, mAh kuwa ma'aunin yawan cajin da batir ke ɗauka ne. Duk wanda ka ga an rubuta masa 6800 ko 9900, ƙarya ce tsagwaronta, kuma in ka ɗaga shi za ka ji ba nauyi. Tsohon batirin laftof ya fi irin waɗannan sau da yawa, domin a cikin irin na da akwai 18650 kamar guda shida, kuma ba duka ne suke mutuwa tare ba. In ka fasa, auna kowanne. Wanda ya nuna ƙasa da 2.5 ka ajiye shi gefe, kada ka yi ƙoƙarin farfaɗo da shi. Zaɓi biyu masu kusan adadi ɗaya, ka yi musu caji, ka bar su kwana biyu ka sake aunawa. Wanda ya riƙe cajinsa shi ne naka.

Duba ledar da ke jikinsa da kyau. Duk gwangwanin batirin ɓangaren − ne, har zuwa bakin da ke zagaye da ɗan kan +. Idan ledar ta yage a saman nan, ɗan ƙarfe kaɗan ya isa ya haɗa su, kuma wannan batir in ya haɗu yana iya kamawa da wuta. Kada a sa shi aljihu tare da makulli ko tsabar kuɗi, kada a bar shi a rana ko cikin mota a rufe, kada kuma a ɗora masa ayan narka dalma a liƙa waya kai tsaye, gida ake sa shi. Wajen caji, ɗan allon TP4056 mai bakin cajar waya yana yi, amma batir ɗaya yake ɗauka a lokaci guda. Ciro su daga gidan ka yi musu ɗaya bayan ɗaya, kana kusa.

Mataki na farko: Arduino ita kaɗai

Sauke manhajar Arduino IDE a kwamfuta, kyauta ce. Jona allon da wayar USB, ka shiga Tools ka zaɓi Arduino Uno a Board, ka zaɓi Port. Idan Port bai fito ba, duba ɗan guntun da ke kusa da bakin USB. In an rubuta CH340, direbansa za ka sauke ka saka, shi ke nan. In ya ƙi duk da haka, canza wayar USB. Wanda ba shi da kwamfuta zai iya amfani da wayar Android da manhajar ArduinoDroid da 'yar wayar OTG, sai dai rubutu a ƙaramin allo akwai gajiya.

Buɗe File, Examples, Basics, Blink, ka loda. 'Yar fitilar da ke kan allon za ta riƙa ƙyaftawa duk sakan ɗaya. Sabon allo yakan zo da wannan kod a cikinsa tun daga masana'anta, don haka ƙyaftawar kaɗai ba shaida ba ce. Canza 1000 ɗin nan biyu zuwa 200 ka sake lodawa. In ta ƙara sauri, kwamfutarka da allonka sun fahimci juna.

Mataki na biyu: sensa

Waɗannan idanu biyu na HC-SR04 ba gani suke yi ba. Ɗaya lasifika ce, ɗaya makirfo. Lasifikar tana fitar da sauti mai kaɗawa sau 40,000 a sakan, wanda kunnen mutum ba ya ji, sautin ya bugi abin da ke gaba ya dawo, a auna lokacin da ya ɗauka. Dabarar jemage ce.

Ƙafafunta huɗu. VCC, wato + na wuta, zuwa 5V na Arduino, GND, wato −, zuwa GND, Trig zuwa ƙafa ta 11 ta Arduino, Echo zuwa ta 12. Ga kod ɗin gwaji:

```
const int TRIG = 11;
const int ECHO = 12;

long aunaNisa() {
  digitalWrite(TRIG, LOW);
  delayMicroseconds(2);
  digitalWrite(TRIG, HIGH);
  delayMicroseconds(10);
  digitalWrite(TRIG, LOW);
  long lokaci = pulseIn(ECHO, HIGH, 25000);
  if (lokaci == 0) return 400;
  return lokaci / 58;
}

void setup() {
  pinMode(TRIG, OUTPUT);
  pinMode(ECHO, INPUT);
  Serial.begin(9600);
}

void loop() {
  Serial.println(aunaNisa());
  delay(100);
}
```

Za ka iya sa wa abubuwa sunayen Hausa a cikin kod yadda na yi, amma ka bar ƙ, ɗ da ɓ a waje, rubuta k, d, b kawai don kada manhajar ta yi maka gardama.

Daga ina 58 ta fito? Sauti yana tafiyar mita 343 a sakan idan zafin iska yana digiri 20. Wato santimita ɗaya yana ɗaukarsa mikrosakan 29 da ɗan ɗoriya. Zuwa da dawowa ne, sai a ninka, ya zama 58. Sauti yana ƙara gudu in iska ta yi zafi, kusan mita 0.6 a sakan kan kowane digiri. A zafin Afrilu na Sakkwato ko Maraɗi, lokacin da ake haura digiri 40, gudunsa ya kai wajen 355, adadin da ya fi daidai kuma 56 ne. A nisan santimita 25 bambancin bai kai santimita ɗaya ba, motarmu ba ta damu ba. Amma ranar da ka ɗauki sensar nan ka kafa ta a saman tankin ruwa don auna zurfi, ka tuna da shi.

Ita kuma 25000 ɗin da ke cikin pulseIn iyakar jira ce. In ba ka sa ta ba, idan sautin ya tafi bai dawo ba Arduino na iya tsayawa jiransa har sakan guda, motar kuwa tana ta gudu ba mai kula da ita. In lokacin ya ƙare pulseIn tana ba da sifili, wanda in ba a gyara ba motar za ta ɗauka bango ya taɓa hancinta. Shi ya sa muka mai da shi 400, wato gaba a buɗe take.

Buɗe Serial Monitor, tagar manhajar da ke nuna lambobin da Arduino ke aikowa, ka tabbata yana kan 9600. Ajiye littafi a gaban sensar, ka auna da rula. Sannan ka yi wasa da ita sosai, domin a nan za ka san halinta. Karkata littafin a hankali: zai kai inda lambar za ta yi tsalle zuwa 400 alhali littafin na nan, saboda sautin ya zame gefe bai dawo ba. Kawo filo ko labule, za ka ga tana ruɗewa, abu mai laushi yana shanye sauti. Kawo sandar tsintsiya, wani lokaci ta gani, wani lokaci ta wuce. Matso da hannu ƙasa da santimita 2, lambobin su haukace. Duk karon da motarka za ta ci nan gaba, ga dalilinsa ka gani tun yanzu.

Mataki na uku: moto da L298N

Dalilin da ya sa ba a jona moto kai tsaye a ƙafar Arduino: kowace ƙafa mA 20 aka so ta bayar, 40 ne iyakarta (mA dubu ne amfiya guda). Moton nan yana jan ɗaruruwa, in taya ta maƙale ya doshi amfiya guda. Ƙafar za ta ƙone, ko guntun gaba ɗaya. L298N shi ke karɓar ƙaramin umarni daga Arduino ya buɗe wa moto wuta daga batir, kuma yana iya juya ta don moto ya koma baya.

Fara liƙa wayoyi a kunnuwan moto da dalma. Kunnuwan siraran tagulla ne, saurin karyewa gare su, don haka bayan ka liƙa ka ɗaure wayar a jikin moton da salatif ko gam mai zafi, yadda in an ja ba kunnen zai ji ba. In kana da ƙaramar kafasita mai lamba 104, liƙa ɗaya tsakanin kunnuwan kowane moto, tana rage hayaniyar wutar da ke rikita sensa.

Moton hagu zuwa OUT1 da OUT2, na dama zuwa OUT3 da OUT4. A gaban allon akwai wurin ɗaure waya uku: 12V, GND, 5V. Jar wayar batir ta bi ta makunni ta shiga 12V, kada sunan ya dame ka, 7.4 ma yana karɓa. Baƙar ta shiga GND. Daga jar, bayan makunni, ja wata zuwa VIN na Arduino, ƙafar da take karɓar wutar batir. Daga GND ɗin nan kuma ja wata zuwa GND na Arduino.

Wannan ta ƙarshen ita ce wayar da aka fi mantawa. Idan Arduino ta ce ta fitar da bolt 5, tana nufin biyar sama da GND ɗinta. In L298N yana da nasa GND daban, bai san daga ina zai fara ƙirga ba, sai moto ya ƙi motsi ko ya riƙa yin abin da ya ga dama. Duk abin da ke kan motar nan, GND ɗinsu ɗaya ne.

A layin ƙafafun umarni za ka ga ENA da ENB sanye da 'yan hulunan baƙar roba. Cire su, in ba haka ba moto zai riƙa gudu iya ƙarfinsa kullum. Akwai hula ta uku a bayan wurin ɗaure wayar batir, ita ka bar ta, ita ce ke kunna ragiletan, wato ɗan guntun da ke rage wutar batir ya fitar da bolt 5. Sai batirinka ya wuce bolt 12 ake cire ta. Jona haka:

ENA zuwa 5, ENB zuwa 6
IN1 zuwa 7, IN2 zuwa 8
IN3 zuwa 9, IN4 zuwa 10

Da gangan na sa ENA da ENB a 5 da 6. Ƙafafun Uno da ke iya rage gudu su ne masu alamar ~, wato 3, 5, 6, 9, 10 da 11. Amma da zarar ka kira laburaren Servo, wato shiryayyen kod ɗin da ke sarrafa servo, 9 da 10 sun daina wannan aiki, domin servo ya karɓe agogon cikin da suke amfani da shi. Kunnawa da kashewa dai suna yi, shi ya sa suka dace da IN3 da IN4. Mutane da yawa motarsu na tafiya lafiya, ranar da suka ƙara servo taya ɗaya ta mutu, su yi ta neman dalili. Ƙafa ta 0 da ta 1 kuma ka bar su, ta nan kod ke shiga.

Kafin ka kunna, sa mita a kan gidan batir ka tabbata ja ce +. Juya su sau ɗaya ya isa ya kashe allo. Ɗora motar a kan kofi ko gwangwani yadda tayoyi za su rataya a iska, ka ƙara wannan a kod ɗinka:

```
const int ENA = 5, ENB = 6;
const int IN1 = 7, IN2 = 8, IN3 = 9, IN4 = 10;

void tuka(int hagu, int dama) {
  digitalWrite(IN1, hagu >= 0);
  digitalWrite(IN2, hagu < 0);
  digitalWrite(IN3, dama >= 0);
  digitalWrite(IN4, dama < 0);
  analogWrite(ENA, abs(hagu));
  analogWrite(ENB, abs(dama));
}
```

A cikin setup ka mai da ƙafa 5 zuwa 10 duka OUTPUT. A loop rubuta tuka(180, 0) ka gani: tayar hagu kaɗai ya kamata ta juya, kuma gaba. In ta dama ce ta juya, musanya wayoyin moton biyu. In baya ta yi, juya wayoyinta biyu a OUT, ba sai ka taɓa kod ba. Yi wa ɗayar haka.

Lambar gudu daga 0 zuwa 255 take. Arduino ba rage ƙarfin wutar take yi ba, kunnawa da kashewa take yi kusan sau dubu a sakan, lambar kuma ita ke faɗin tsawon lokacin da wutar ke kunne. In ka sa ƙaramar lamba, kamar 60, za ka ji moto yana kuka amma taya ba ta motsa ba. Ba lalacewa ya yi ba, ƙarfin ne bai kai ya tayar da giya ba. Riƙa ƙarawa har ka gano inda naka yake tashi, ka rubuta lambar, kuma ka sani in ya sauka ƙasa da nauyi a kansa sai ya buƙaci fiye da haka.

Mataki na huɗu: servo da jiki

Servo wayoyi uku gare shi: ruwan ƙasa GND, ja wuta, ruwan lemo umarni. Ta umarni zuwa ƙafa ta 3. Jar kuwa kai ta 5V na L298N, kada ka ɗauka daga Arduino. Servo yana fizgar wuta lokacin da ya fara juyawa, in daga Arduino yake sha yana iya sa ta sake tashi. Kafasita mai µF 470 tsakanin 5V ɗin da GND tana taimakawa, ƙafarta mai farin layi a GND. Kada kuma ka haɗa 5V na L298N da 5V na Arduino, tunda ita tana ci ta VIN.

Kafin ka ɗaura sensa a kansa, loda kod mai wuya.write(90) don servo ya tsaya a tsakiya (wuya sunan da muka ba servo ne a kod, layukan da ke tanadar sa suna mataki na biyar), sannan ka kafa hannunsa yana kallon gaba sak.

Jiki ba shi da wuya. Batir ya fi komai nauyi, sa shi a kan tayoyin da ke ja, in ba haka ba za su riƙa sulɓi a kan tayil. Sensa ta ɗaga daga ƙasa kamar santimita 8 zuwa 10, kada ta sunkuya, don kada ta ɗauki daɓe a matsayin bango. Makunni a inda hannu zai kai da sauri. Ɗaure wayoyi kada su shiga taya.

Mataki na biyar: a haɗa su

Bar aunaNisa da tuka yadda suke, ka sa layi biyun farko a can saman kod, ka maye gurbin setup da loop da waɗannan:

```
#include <Servo.h>
Servo wuya;

void setup() {
  pinMode(TRIG, OUTPUT);
  pinMode(ECHO, INPUT);
  for (int k = 5; k <= 10; k++) pinMode(k, OUTPUT);
  wuya.attach(3);
  wuya.write(90);
  delay(2000);
}

void loop() {
  if (aunaNisa() > 25) {
    tuka(170, 170);
    delay(60);
    return;
  }
  tuka(0, 0);
  delay(150);
  tuka(-160, -160);
  delay(300);
  tuka(0, 0);

  wuya.write(150);
  delay(400);
  long hagu = aunaNisa();
  wuya.write(30);
  delay(600);
  long dama = aunaNisa();
  wuya.write(90);
  delay(300);

  if (hagu > dama) tuka(-170, 170);
  else tuka(170, -170);
  delay(350);
  tuka(0, 0);
}
```

Sakan biyun da ke cikin setup don ka samu ka ajiye ta ka janye hannu ne. Jinkirin 60 kuma don sautin da aka aika ya gama yawo a ɗaki kafin a aika wani, in ba haka ba sensa za ta kama tsohon amo ta ba da nisan ƙarya. Ɗan tsayawar 150 kafin ja da baya ma tana da amfani: juya moto daga gaba zuwa baya nan take yana fizgar wuta mai yawa, kuma giyar roba ce a ciki.

Fara gwadawa tana kan gwangwani. Sa tafin hannu a gabanta ka ga ta tsaya, ta ja baya, ta leƙa. Lura ko 150 hagu ne a naka servo, domin ya danganta da yadda ka kafa shi. In dama ya kalla, musanya 150 da 30. In ba ka duba wannan ba za ka samu mota mai zaɓen bango da gangan. Sai ka zare USB ka sauke ta a kan siminti ko tayil. Yashi da ƙasar tsakar gida ba nata ba ne, tayoyin za su nutse, ƙura kuma ta cika giya. Kada a gwada a kan tebur ko kusa da matakala, sensar ba ta san rami ba.

Abin da za ka tarar

Ba za ta tafi a miƙe ba. Babu moto biyu da gudunsu ya zo ɗaya, ko daga leda ɗaya suka fito. In tana karkata dama, na hagu ya fi ƙarfi: mai da shi tuka(155, 170), ka riƙa gyarawa da biyar-biyar har ta daidaita. Haka 350 ɗin juyawa, lamba ce ta farawa kawai. A kan tayil tana iya zagayawa fiye da kima, a kan kafet ta kasa kaiwa, kuma abin da ka saita da cikakken batir zai ragu bayan ta yi ta yawo.

In tana tafiya sai ta tsaya cak na sakan biyu, servo ya koma tsakiya, Arduino ce ke mutuwa tana tashi. Sa mita a kan batir yayin da tayoyi ke juyawa, domin batir mara lafiya yakan nuna 8 a zaune, moto na ja ya faɗi ƙasa da 6. In batir lafiya, duba gidansa. Masu araha sifirin ɗinsu da wayarsu sirara ne, kuma girgiza tana sa su saki. In kuma servo ne ya fara rawa shi kaɗai, batir ya sauka kusa da bolt 7, ragiletan L298N ya fara kasawa, lokacin caji ya yi.

In tana tsayawa ba komai a gabanta, karatu ɗaya na ƙarya ne ya firgita ta. Maganinsa kada ta yarda da karatu ɗaya. Idan ta ga ƙasa da 25, ta jira milisakan 60 ta sake aunawa, sai duka biyun sun yarda sannan ta tsaya. In kuma tana dukan bango kafin ta tsaya, ko ka rage gudu ko ka ɗaga 25 zuwa 35.

Ƙarfen L298N zai yi ɗumi, wannan ba komai. In ya kai ba ka iya riƙe yatsa a kai, kashe, akwai tayar da ta maƙale ko wayoyin moto da suka haɗu.

Saura matsalar lungu. In ta shiga kusurwar ɗaki, hagu bango, dama bango, za ta yi ta juyawa nan da can ba ta fita, domin kod ɗin ba ya tuna abin da ya faru sakan biyu da suka wuce. Ƙara layi ɗaya kafin zaɓen hagu ko dama: idan hagu da dama duka ƙasa da 30 suke, ta yi tuka(170, -170) na ninkin lokacin juyawarta, wato ta juya baya gaba ɗaya, sannan return. Wanda yake so ya ƙara gaba sai ya sa ma'ajiyar lamba da ke ƙirga sau nawa ta tsaya, tare da millis(), agogon Arduino mai ƙirga milisakan, don duba lokaci: in ta tsaya sau uku cikin sakan goma, ta ja baya na sakan guda cur kafin ta sake leƙawa.